Ranar da Hukunci Ya Faɗa a Kanka: Nasiha Kan Raina Umarnin Kotu

Bismillahir Rahmanir Rahim. Godiya ta tabbata ga Allah, wanda hukunci duka gare Shi yake komawa. Tsira da aminci su ƙara tabbata ga Shugabanmu Annabi Muhammadu, da alayensa, da sahabbansa, da waɗanda suka bi sawunsu da kyautatawa har ranar sakamako.

Bayan haka, ya 'yan'uwa a tafarkin Allah, akwai wata jarrabawa da ba a cika ambatonta a majalisun tarbiyya ba, alhali tana tona abin da ke ɓoye a zuciya fiye da jarrabawar yunwa ko ta ciwo. Ita ce ranar da alƙali ya yanke hukunci, hukuncin kuma ya faɗa a kanka. An ce ka tashi daga gonar, ko ka biya bashin, ko ka riƙa ba matar da ka saka kuɗin ciyar da 'ya'yanka, ko ka saki wanda ka tsare. Kana da ƙarfin da za ka ƙi, kana kuma ganin an kware ka. Me ya dace da mutumin da yake neman yardar Allah a wannan rana?

Masana shari'a na zamani suna da laifin da suke kira raina kotu. Kashi biyu ne. Na farko shi ne wanda ake yi a gaban alƙali, kamar zagi ko tayar da hayaniya a zauren shari'a. Na biyu, wanda shi ne abin maganarmu, shi ne a ba da umarni mutum ya toshe kunne. A Najeriya, wadda ta gaji tsarin Ingilishi, kotu takan fara aika wa mai taurin kai takardar gargaɗi, in bai ji ba a kira shi ya faɗi dalilin da zai hana a ɗaure shi. Abin yakan kai har ga manya: a watan Nuwamba na 2022 wata babbar kotun tarayya a Abuja ta yanke wa Sufeto Janar na 'yan sanda na lokacin, Usman Alkali Baba, ɗaurin wata uku saboda rashin zartar da wani tsohon umarni, ko da yake daga baya kotun ta janye wannan hukunci. A Nijar, inda aka gaji tsarin Faransa, an fi dogara da ma'aikacin kotu mai zartar da hukunci, wanda yakan nemi taimakon jandarma in an ƙi, da kuma tarar da ke ƙaruwa kowace rana muddin mutum yana jinkiri.

Malamanmu na Malikiyya sun riga sun san wannan matsala. Ɗaliban zaure da suka karanta babin alƙalanci a Muhtasar na Shehu Halilu ko a Asimiyya sun san cewa alƙali yana da ikon ladabtar da wanda ya yi masa rashin kunya, da tsare mawadacin da ya ƙi biyan abin da aka tabbatar a kansa. A wasiƙarsa ga Abu Musal Ash'ari, Sayyidina Umar ya nuna masa cewa faɗin gaskiya a wurin shari'a ba ya amfanar kowa in ba za a zartar da ita ba. Dalilin wannan tsanani a fili yake. Wanda ake cuta in an ƙi bin hukunci ba alƙali ba ne, domin shi ya tashi ya tafi gidansa. Wanda ake cuta shi ne marayan da ya yi shekara uku yana zirga-zirga tsakanin ƙauye da birni, ya sayar da akuyarsa ya yi kuɗin mota, aka ba shi gaskiya a takarda, ya koma gida ya tarar da mai ƙarfi yana shuka a gonar kamar ba a taɓa yin shari'a ba.

Darasi daga tsibirin Lete

Mu mutanen Gaya ba mu bukatar tafiya nesa neman misali, kogin Kwara ya ishe mu. Tun lokacin samun 'yancin kai a 1960 Nijar da Dahome, wadda yanzu ake kira Benin, suke jayayya a kan tsibirin Lete da sauran tsibiran da ke tsakaninsu. Makiyaya da manoma sun sha gwabzawa a wurin. A ƙarshen 1963 abin ya yi tsami har Nijar ta kori ma'aikata 'yan Dahome daga ƙasarta, aka rufe iyaka, kasuwanci tsakanin Gaya da Malanbil ya tsaya. Shekara arba'in ana kwan-gaba-kwan-baya, sai a 2001 ƙasashen biyu suka sa hannu a Kwatano cewa za su kai maganar Kotun Duniya da ke birnin Heg na ƙasar Holan, kuma kowa zai karɓi abin da ta yanke.

Ran 12 ga Yuli 2005 kotu ta yi hukunci. Daga cikin tsibirai 25, ta ba Nijar 16, har da Lete wanda shi ne mafi girma, ta ba Benin 9. A ɓangaren kogin Mekru kuwa ta ƙi hujjar Nijar, ta karɓi ta Benin. Kowane ɓangare ya fita da abin da ya yi masa ɗaci. Kotun nan ba ta da soja ko ɗaya, ba ta da gidan kaso da za ta kai shugaban ƙasa. Da Benin ta ce ba ta yarda ba, babu jandarman da zai je Kwatano ya tilasta mata. Amma ta yarda, Nijar ma ta yarda da abin da ta rasa. Ribar wannan haƙuri ta faɗa wa masunci da mai kwale-kwale da makiyayi, waɗanda ba su san ma inda Heg take ba.

Shekara huɗu bayan haka muka ga kishiyar wannan a cikin gida. A 2009 marigayi shugaba Tanja Mamadu, Allah Ya gafarta masa, ya nemi a yi ƙuri'ar raba gardama don ya ci gaba da mulki bayan wa'adinsa, abin da aka sani da tazarce. Kotun tsarin mulki, ƙarƙashin Salifu Fatimata Bazai, ta soke dokar kiran wannan ƙuri'a ran 12 ga Yuni. Ƙarshen watan aka rushe kotun. Aka yi ƙuri'a ran 4 ga Agusta. Ran 18 ga Fabrairu 2010 sojoji ƙarƙashin Salu Jibo suka kifar da gwamnati suka tsare shi. A watan Nuwamba na wannan shekara kotun ƙungiyar ƙasashen Afirka ta Yamma ta ce tsarewar ba ta kan ƙa'ida, a sake shi. Ba a sake shi ba. Aka mayar da shi gidan kason Kollo, bai fita ba sai a watan Mayu na 2011.

Ba mu kawo wannan don cin mutuncin mamaci ba, kuma mutumin yana da alheran da jama'a ba su manta ba. Mun kawo shi ne don wa'azin da ke ciki. Kotu inuwa ce ta bishiya ɗaya a tsakiyar fili. Wanda ya sare ta yau saboda ta tare masa hanya, gobe rana za ta dake shi ya waiwaya bai ga inda zai fake ba. Da wanda ya rushe kotu, da waɗanda suka zo bayansa suka yi biris da umarnin wata kotun, cuta ɗaya ce ta kama su, kuma cutar ba ta keɓanta da masu mulki ba.

Tushen cutar

Mutanen Allah sun koyar da mu cewa kowane saɓo yana da saiwa a zuciya, kuma maganin ganye ba ya kashe saiwa. Saiwar raina hukunci ita ce girman kai. Umarnin farko da aka ƙi bi a tarihin halitta shi ne umarnin yi wa Annabi Adamu sujada. Iblis bai ce bai ji ba, bai kuma yi musun Wanda Ya ba da umarnin ba. Ya auna kansa da abokin shari'arsa ne, ya ga ya fi shi asali, sai ya yanke cewa umarnin bai hau kansa ba. Har yau mai ƙin bin hukunci da wannan ma'auni yake awo. Ni da nake da fataken shanu a kasuwar Kamba, a ce in biya wannan ɗan dako? Ni da kakana ya sari wannan daji, a ce in bar wa baƙo? Ni da nake jan wazifa, a ce tsohuwar matata ta kai ni ƙara ta yi nasara? Kalmar "ni" ce ke magana a duk wuraren uku, ita ce kuma abin da muridi ya shiga ɗariƙa don ya narkar.

Buhari da Muslim sun ruwaito cewa Zubairu ɗan Awwamu ya yi jayayya da wani mutumin Madina a kan ruwan ban-ruwan dabino, irin jayayyar da masu lambu da masu noman rake na yankinmu suka sani sarai. Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya umarci Zubairu ya ɗan shayar da gonarsa ya sakar wa maƙwabcinsa ruwan. Sulhu ne wanda ya sassauta wa maƙwabcin. Amma mutumin ya fusata, ya jefa zargin cewa an fifita Zubairu ne don ɗan goggon Annabi ne. Zubairu yana ganin a kan wannan ne aya ta 65 ta Suratun Nisa'i ta sauka, wadda ta ɗaure cikar imani da abu uku: kai jayayya wurin Manzo, da wanke zuciya daga ƙunci game da abin da ya yanke, da sallamawa gaba ɗaya. Ku duba, hukunci ya fito daga bakin mafi adalcin halitta, amma zuciyar da ba ta sami tarbiyya ba ta ƙirƙiro zargin son kai nan take. To ina ga hukuncin alƙalin yau? Duk wanda ya faɗi a shari'a, abu na farko da zuciyarsa ke raɗa masa shi ne an sayi alƙali. Wani lokaci hakan gaskiya ne, Allah Ya kyauta. Sai dai zuciya tana faɗin haka ko an saya ko ba a saya ba, don haka shaidarta a wannan wuri ba abin karɓa ba ce sai da hujja.

Suratun Nur kuma, daga aya ta 48 zuwa ta 50, ta siffanta wasu mutane da ke bijirewa in an kira su zuwa hukunci, amma in sun san gaskiya tasu ce sai su taho da sauri suna masu ladabi. Wannan siffa ta cancanci kowane ɗayanmu ya tsaya a kanta. Wanda yake yabon kotu ranar da ta ba shi, yake zaginta ranar da ta hana shi, bai taɓa yi wa kotu biyayya ba ko sau ɗaya. A ranakun biyu son zuciyarsa yake bi, sai dai a rana ta farko an yi dace kotu ta bi hanyar da yake so.

In hukuncin kuskure ne fa?

Mai hankali zai ce: ayar Nisa'i a kan Manzon Allah take, shi kuwa ma'asumi ne. Alƙalin Gaya ko na Dosso ɗan Adam ne, yana kuskure, wani ma yana karɓar toshiyar baki. Shehu Usmanu ɗan Fodiyo kansa ya soki cin hanci a wurin shari'a cikin abubuwan da ya zargi sarakunan zamaninsa da su. Ƙari a kan haka, dokar da ake aiki da ita ba duka ce aka ɗauko daga littattafan fiƙihu ba. Yaya za a ce mumini ya sallama?

Wannan tambaya ce mai nauyi, ba a ture ta da tsawa. Amsarta ita ce a raba tsakanin sallamawar zuciya da biyayyar gaɓoɓi. Sallamawar zuciya, wato ka gaskata cewa abin da aka yanke shi ne gaskiya tsantsa, haƙƙin Allah da ManzonSa ne su kaɗai. Babu alƙalin da ya isa ya nemi wannan daga gare ka. Kana da damar ka ce an yi kuskure, ka faɗa da babbar murya, ka ɗaukaka ƙara zuwa kotun da ke sama, ka nemi a dakatar da zartarwa har a sake dubawa, ka kai kukan alƙali mai cin hanci wurin masu sa ido a kansa. Duk wannan yana cikin girmama shari'a, domin ta ƙofarta ka bi. Annabi Yusufu, amincin Allah ya tabbata a gare shi, an ɗaure shi bisa zalunci, da aka zo fitar da shi sai ya ƙi fita har sai an sake buɗe maganarsa an wanke shi a bainar jama'a. Abin da ba ka da dama a kansa shi ne ka naɗa kanka kotun ƙoli a shari'ar da kai ne ɗaya daga cikin masu jayayya. Malaman fiƙihu sun hana alƙali ya yi wa kansa hukunci, komai iliminsa da tsoron Allahnsa. In an hana alƙali, yaya za a halatta wa mai ƙara?

Masu tarihi sun kawo labarin Sayyidina Aliyu yana halifa a Kufa, ya ga sulkensa da ya ɓace a hannun wani wanda ba Musulmi ba. Suka je gaban alƙali Shuraihu. Alƙali ya nemi shaidu, ya ƙi karɓar shaidar Sayyidina Hasan saboda ɗa ne ga mai ƙara, ya bar sulken a hannun wancan. Sayyidina Aliyu ya san sulken nasa ne, sani na yaƙini, kuma rundunar Musulmi tana hannunsa. Ya karɓi hukuncin. Ganin haka ne ya sa mutumin ya amsa gaskiya ya shiga Musulunci. A nan hukunci ya saɓa wa haƙiƙanin abin da ya faru, amma Ƙofar Birnin Ilimi ya ga asarar sulke ɗaya ta fi sauƙi a kan a koya wa al'umma cewa mai iko yana bin shari'a ne in ta yi masa daɗi.

Game da asalin dokar kuwa, mu tuna cewa a Nijar maganar aure da saki da gado da gonaki galibi da al'adar masu shari'ar ake yanke ta, tare da masu ba alƙali shawara daga cikin masana al'ada, kuma al'adar Musulmin wannan yanki ta jiƙa da fiƙihun Malikiyya. Kafin kotu ma akwai sulhun mai gari da na sarki. Mafi yawan umarnin da ake ƙin bi a tsakaninmu, na biyan bashi ne da ciyar da yara da mayar da amana, abubuwan da Allah Ya wajabta tun kafin alƙali ya buɗe baki. Wanda kuma ya sa ƙafarsa ya je kotu yana fatan ta ba shi, ya riga ya ɗauki alkawarin karɓar abin da za ta haifa. Kowa ya ci ladan kuturu, dole ya yi masa aski.

Akwai iyaka ɗaya tabbatacciya: ba a yi wa abin halitta ɗa'a a cikin saɓa wa Mahalicci. In aka umarce ka da abin da haramcinsa a fili yake, ba ka yi. Amma ku dubi yadda magabata suka yi irin wannan ƙi. An yi wa Imamu Malik bulala a Madina, an ɗaure Imamu Ahmad a Bagadaza, saboda sun ƙi faɗin abin da suka san ƙarya ne. Sun ƙi a fili, sun ɗauki azabar a jikinsu, kuma babu abin duniya da ya shiga aljihunsu saboda wannan ƙi. Ga ma'auni nan ga mai son ya gwada kansa. In ƙin da kake yi yana jawo maka asara don kare addininka, akwai alamar gaskiya a ciki. In kuwa yana bar maka gona ko kuɗi ko kujera a hannu, ka tuhumi zuciyarka tun kafin ka tuhumi alƙali.

Wanda ya ci shari'a, da wanda ya yanke ta

Kada wanda ya yi nasara ya ɗauka wannan nasiha ta wuce shi. Uwar Muminai Ummu Salama ta ruwaito cewa Manzon Allah ya gargaɗi masu kawo masa ƙara: wani ya fi wani iya tsara magana, kuma wanda aka yanka wa haƙƙin ɗan'uwansa saboda zaƙin bakinsa, gutsuren wuta aka yanka masa. Takardar kotu tana rufe bakin mutane, amma ba ta mayar da haram halal. Wanda ya san ya sayi shaida ko ya ɓoye takarda, hatimin kotu ba zai bi shi kabari ba. Alhaki kwikwiyo ne, mai shi yake bi.

Alƙali kuma da aka ba shi sandar hukunta mai raina kotu, ya sani an ba shi ita ne don kare mai rauni. In ya ɗaga ta a kan talakan da ya yi masa magana da ɗan zafi, ya sauke ta a gaban babban ma'aikacin da ya shekara yana take umarninsa, to shi ne na farko da ya raina kujerar da yake kai.

Ya ɗan'uwana muridi, kana yin istigfari ɗari safe da yamma a lazimi, kana ƙarawa a wazifa. Malamai sun haɗu a kan cewa tuba daga haƙƙin bayi ba ta cika sai an mayar da haƙƙin ko an nemi yafiyar mai shi. In akwai takardar hukunci a ƙarƙashin katifarka wadda ka yi watsi da ita, ko sulhun da aka yi a zauren mai gari ka sa hannu ka warware, to tsakaninka da buɗin da kake nema akwai wannan takarda. Muna cewa muridi ya zama mai sallamawa a hannun shehinsa, mu kuwa shehunanmu ba su taɓa koya mana cin dukiyar mutane ba. Sallamawar da ake yi a zawiya da daddare, da rana ake gane ingancinta, a kasuwa da bakin gona da ƙofar kotu. In kana ganin an zalunce ka, ɗaukaka ƙara, ka nemi shawarar masana, ka kai kukanka ga Allah a sujada. In hanyoyi sun ƙare, ka ba da abin da aka ce ka bayar, ka sani akwai wata kotu a gaba wadda ba a ɓatar da takarda a cikinta, ba a sayen shaida, kuma babu wanda zai ƙi amsa sammacinta.

Muƙaddamai da limamai su ma suna da aiki. In almajirinku ya faɗi a shari'a ya zo neman addu'a, ku tambaye shi ko ya bi abin da aka umarce shi. In mai kuɗi ne da ke hidima wa zawiya, tambayar ta fi wajaba, don kada rigar ɗariƙa ta zama mafakar masu taurin bashi.

Allah Ya ba mu ikon karɓar gaskiya ko da a kanmu take. Ya shiryi alƙalanmu da shugabanninmu, Ya sa tsoronSa a zukatansu, Ya isar wa raunana. Ya zaunar da Gaya da Dandi da ƙasashenmu baki ɗaya lafiya, don alfarmar Shugaban Halitta, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi da alayensa da sahabbansa. Amin.